Wa ya tambayi malamin ƙauye kafin a rubuta manhaja?

Duk lokacin da aka ce an fito da sabuwar manhaja, mu malaman ƙauye a rediyo muke fara ji, ko kuma wani ya turo a gurup ɗin malamai na WhatsApp, hoton takarda ne wanda ko karantuwa ba ya yi sosai, wannan ya ce an rage darussa wancan ya ce a'a ƙari aka yi, a yi ta musu har dare, kafin ainihin littafin ya iso hannun hedimasta an ci zango guda ko fiye da haka. Ni malamin firamare ne a wani ƙauye ta ƙasar Haɗeja, na daɗe ina riƙe da alli, kuma abin nan yana ci mini tuwo a ƙwarya ƙwarai, shi ya sa yau na ce bari in zauna in rubuta yadda nake ganinsa daga inda nake tsaye, wato gaban allo.

Ga wanda bai sani ba, manhajar da ake koyarwa a firamare da sakandare a ƙasar nan hukumar bincike da bunƙasa ilimi ta ƙasa, wato NERDC, ce ke tsara ta, an kafa ta a 1988 kuma hedikwatarta tana Sheda can wajen Abuja. In sun gama sai majalisar ilimi ta ƙasa ta amince, sai a sauko da ita jihohi, a yanka ta mako-mako a mayar da ita sikim, daga nan ta biyo ta SUBEB, wato hukumar ilimin bai-ɗaya ta jiha, zuwa ofishin sakataren ilimi na ƙaramar hukuma, zuwa hedimasta, zuwa ni da zan rubuta lesin not, wato shirin darasin da zan koyar, in shiga aji. Kuma maganar gaskiya ba wai su kaɗai suke kulle ƙofa su rubuta ba, suna gayyatar masana daga jami'o'i da kwalejojin ilimi har da wasu malaman makaranta. Tun taron manhaja na ƙasa da aka yi a Legas a 1969, wanda shi ya haifar da manufar ilimi ta ƙasa ta 1977, ake cewa a tara jama'a daban-daban su faɗi irin ilimin da suke so wa 'ya'yansu. Niyyar mai kyau ce. Inda gizo ke saƙar shi ne malamin da ake samu ya je irin wannan zama galibi na birni ne, mai aji da benci da fanka, ba mu da ke da yara sama da ɗari a kan tabarma ko a kan siminti tsura ba, alhali irin makarantunmu su suka fi yawa a Kano da Jigawa.

A idona aka sauya manhaja ba sau ɗaya ba. A 2008 aka fara aiki da ta shekara 9 ta ilimin bai-ɗaya, bayan dokar ilimin bai-ɗaya, wato UBE, ta 2004, darussa suka yi yawa har ana ƙirga kusan 20, sai aka sake gyara aka fara aiki da sabuwa a 2014 aka ce an rage sun koma 10. To amma ya aka rage ɗin? Haɗe su aka yi. Kimiyya da fasaha da motsa jiki da kwamfuta aka sa su ƙarƙashin suna ɗaya, noma da tattalin gida suna ɗaya, sannan addini da zamantakewa da sanin haƙƙin ɗan ƙasa da darasin tsaro su ma suna ɗaya, wanda sai da aka yi ta ce-ce-ku-ce a kai har a 2017 aka ce a ware darussan addini su koma cin gashin kansu. A takarda an rage, a cikin aji kuwa kayan suna nan yadda suke, malami ɗaya ne dai zai ɗauke su, kuma shi zai zauna da biro ya rasa yadda zai raba maki ɗari tsakanin abubuwa huɗu da ba su haɗa hanya ba. Da an tambayi malami ko guda goma daga ƙauyuka kafin a yi, da tun a ranar za su faɗi abin da zai biyo baya.

Amma ba kuka na zo yi ba. Abin da nake so mutane su gane shi ne, ko an tambaye mu ko ba a tambaye mu ba, mu muke ƙarasa tsara manhajar nan, kullum, ba tare da wani ya rubuta sunanmu a ko'ina ba.

Ɗauki maganar lokaci kawai. Sikim yana ɗauka cewa yaro zai zo makaranta tun makon farko har na ƙarshe ba fashi. Zangon farko daga Satumba ne zuwa Disamba, wato tsakiyar kaka, ana girbin gero ana cirar gyaɗa ana roron wake, daga baya a shiga yankan shinkafa da dawa, uban da ba shi da kuɗin 'yan ƙwadago ba zai bar ɗansa ɗan shekara goma sha biyu ya zauna a aji hatsi na zubewa a gona ba, kuma ni ban isa in ce masa ya yi laifi ba don na san abin da gidan zai ci ke nan har wata daminar. Zango na uku kuma ya faɗa kan shuka da noman fari. Ranar kasuwa rabin 'yan matan aji biyar da shida suna can da farantin awara ko dafaffiyar gyaɗa. In kuma shekarar ambaliya ce irin ta 2022, da ruwa ya ci garuruwa da gonaki a Auyo da Kafin Hausa da Ringim da sauran wurare, ai makarantar ma ita ce ke zama masaukin waɗanda gidajensu suka rushe, karatu sai yadda hali ya yi. To malamin da ya san aikinsa me yake yi? Zama yake ya duba sikim ɗin tun farkon zango, ya ware abubuwan da in yaro ya rasa su ya rasa tushe, kamar raba lamba ko haɗa jimla, ya ture su zuwa makonnin da ya san aji zai cika, ya jawo masu sauƙi ya sa a makonnin girbi. Zango na biyu, daga Janairu, shi ne damarmu, duk da sanyin hunturu yana sa yara makara, a nan muke zuba abubuwa masu nauyi. Babu littafin da ya ce mu yi haka. Mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo.

Akwai wata malama a makarantarmu da ke riƙe da aji uku, duk abin da zan faɗa a kan wannan magana ita ce hujjata. Sikim ɗin Turanci ya ce a makon nan yara su karanta ɗan labari su amsa tambayoyi. Ita kuma da ta karɓi ajin sai ta kira su ɗaya bayan ɗaya gaban tebur, ta nuna musu baƙaƙe a kan kwalin da ta yanka daga katan ɗin sabulu, ta tarar da yawansu ba sa bambance b da d, wasu in an ce su rubuta sunansu sai su zana wani abu su miƙo. Sai ta raba su gida uku. Masu neman baƙi ta zaunar da su a gindin darbejiya suna rubutu da yatsa a kan rairayi, masu haɗa gaɓa tana ba su ba, bi, bu, ka, ki, ku su haɗa su fitar da baki da buka da kaba, waɗanda suka fara karanta jimla kuma ta ba su tatsuniyar da ita ta rubuta da hannunta a takarda ta liƙa a bango da kullun fulawa. Yaran da suka fito daga makarantar allo ta lura sun riga sun san yadda baƙi da wasali ke haɗuwa su ba da sauti, sai ta riƙa ce musu wannan a ɗin ita ce wasalin bisa, i ɗin wasalin ƙasa, u kuma rufu'a, wallahi nan da nan suka kama har suka zama su ke taya ta koya wa sauran. Na taɓa ce mata, Malama, ba kya tsoron a zo a ga kin bar sikim a baya? Ta ce Malam, in na bi sikim allo zan koyar ba yara ba, in na tura maka su aji huɗu haka kai ma ba za ka gode min ba. Kafin ƙarshen zango na biyu na ga yarinyar da a da ba ta ɗaga kai tana karanta tatsuniyar bangon nan da ƙarfi tana bi da ɗan yatsa.

Wannan ya kawo mu maganar harshe, wadda ita ma a sama ake yanke ta. Tsohuwar manufar ilimi ta ce a koyar da harshen uwa ko harshen yankin a shekaru ukun farko, a ƙarshen 2022 gwamnatin tarayya ta ce a kai har shekara shida, a ƙarshen 2025 kuma ministan ilimi ya sanar cewa an soke, a koma Turanci. Ni ra'ayina a fili yake, yaron da bai iya karanta Hausar da yake mafarki da ita ba ba zai karanta Turanci ba, haddace sauti kawai zai yi. Kuma kowace doka aka kafa, duk malamin ƙauye ya san yadda darasi ke tafiya, ka faɗa da Turanci ka juya ka warware da Hausa, in akwai 'ya'yan Fulani da suka zo daga ruga ka nemi babba a cikinsu ya sake faɗa musu da Fillanci. Malami ne ke yanke wannan hukuncin a kowane minti, yana kallon idon yara.

Lissafi ma haka. Yarinyar da za ta ba ka canjin dubu ɗaya ba kuskure bayan ka sayi awarar ɗari uku da hamsin, ita ce za ka rubuta mata 1000 a cire 350 a allo ta tsaya tana kallonka. Ba lissafin ne ba ta iya ba. Ni da kwano da tiya nake shiga aji in za mu yi awo, in aro daga gida in cika da rairayi, mu ƙirga gwangwanin madara nawa ke cika kwano, daga nan mu gangaro kan rabi da kwata, sannan in kawo musu lita da kilo ɗin da littafi ke so. In aka fara da kilo ɗin kai tsaye sai su yi shiru kawai su kwafa.

Abin da ya fi sosa mini rai shi ne tarihi. An yi shekaru babu shi a matsayin darasi mai zaman kansa a firamare da ƙaramar sakandare, sai daga baya aka dawo da shi, alhamdu lillahi. Amma a shekarun da babu shi ɗin malamai da yawa ba su bari ya mutu ba, suna cusa shi cikin darasin zamantakewa ko na Hausa. Ta ya za a ce yaro ɗan ƙasar Haɗeja ya gama aji shida bai san cewa a 1906 Turawa sun yaƙi garin ba, Sarki Muhammadu ya ƙi miƙa wuya har aka kashe shi, shi ya sa ake ce masa Mai Shahada? Ko bai san Kano ta faɗa hannunsu a 1903 ba, ko bai san an cire Jigawa daga tsohuwar jihar Kano a 1991 ba? Na kan gayyato wani dattijo a garinmu, in je har ƙofar gida in durƙusa in ce Baba, yaranka suna son jin labarin da, sai ya zo da sandarsa a ba shi kujerar hedimasta, ya ba su labarin yadda aka kafa garin da inda tsohuwar rijiya take da shekarun fari da yunwa da ya gani da idonsa, ranar ko tari ba ka ji a ajin. Haka in ana maganar muhalli, ga kogin Haɗeja kusa da mu, ga ciyawar kachala ta toshe hanyoyin ruwa tana jawo ambaliya a nan da ƙarancin ruwa a can, ga jan-baki da ke kwana a cikinta suna cinye shinkafar iyayensu, ga tsuntsayen da ke zuwa dausayin Baturiya daga Turai lokacin sanyi. Duk wannan kimiyya ce da labarin ƙasa, yaro yana ganinta da idonsa, malami ne kaɗai zai iya ɗaura ta a jikin abin da manhaja ta nema.

Sai dai akwai abin da ke karya gwiwa, shi ne yadda ake auna aikin malami. Mai duba makarantu in ya zo, rajista zai buɗe, ya buɗe dayari, wato littafin da malami ke rubuta abin da ya koyar kowane mako, ya duba lesin not ko hedimasta ya sa hannu da jan biro, ya ga ko mako na bakwai ka rubuta ka koyar da abin mako na bakwai. Wani ya taɓa zuwa ya ga ina baya da mako biyu, na ce ranka ya daɗe, yaran ba su gane na baya ba ne shi ya sa na tsaya, ga su nan a gwada su. Mutumin kirki ne, ya yi shiru ya ce Malam na fahimce ka, ni ma aji na baro, amma fom ɗin da aka ba ni babu gurbin da zan rubuta wannan. Kun ga inda matsalar take. Irin wannan ne ke koya wa malamai cika dayari da "an kammala" alhali ba a kammala komai ba, takarda ta tafi sama tana cewa lafiya lau, masu tsara manhaja su ga rahoto su ɗauka abinsu yana tafiya daidai, sai an zo jarabawar kwaman entarans ko ta kwalifayin, wato ta share fagen jarabawar kammala sakandare, a fara tambayar me ya faru.

Kuma kada a ce ina wanke mu ne gaba ɗaya. Akwai malamin da lesin not ɗinsa na shekara goma da suka wuce yake kwafa yana sauya kwanan wata, akwai wanda bai taɓa buɗe littafin manhajar ba ko da yana ofis, akwai wanda aka ɗauka aiki don ɗan wane ne ba don ya iya ba. Kowa ya tuna jarabawar da aka yi wa malaman firamare a Kaduna a 2017, inda sama da dubu 21 suka kasa kai makin da aka gindaya. Irin wannan malami in ka ce masa ya tsara darasi da kansa ka cuci yara. Shi ya sa lokacin shirin tallafa wa ilimi na ESSPIN, wanda ya yi aiki a Kano da Jigawa, da aka kawo littattafan darasi da aka rubuta komai daki-daki, ban ƙi su ba, sun tallafi malamai da yawa, har ni na ƙaru da su. Amma ina ganin matakin farko ne, ba wurin zama ba. Tsofaffin malamanmu 'yan Gired Tu, waɗanda suka yi kwalejin horon malamai kafin a ce NCE, wato takardar kammala kwalejin ilimi, ce mafi ƙarancin shaida, an horar da su yin kayan koyarwa da hannu, da kara da laka da ƙwallon goruba, kuma sun san yadda ake tsinka babban batu a mayar da shi loma-loma. Ya kamata kwalejojinmu irin ta Gumel da ta Bichi su riƙe wannan da ƙarfi, ɗalibi kada ya fita sai an ba shi shafi ɗaya na manhaja an ce ga aji mai yara ɗari babu littafi, nuna mana yadda za ka yi.

Yanzu ga sabuwar manhajar 2025 ta zo da sana'o'i a sakandare, haɗa sola, gyaran waya da kwamfuta, ɗinki, kiwo, noman lambu da kwalliya. Na yi murna da ita har ga Allah, don yaranmu da yawa daga ƙaramar sakandare karatun yake tsayawa, gara su fita da abin yi a hannu. Amma wa zai zaɓi wadda ta dace da wane gari? A wajenmu kiwo da noman lambu ba sai an sayo komai daga nesa ba, ga fadama ga masu noman rani ga akuya a kowane gida, sola ma yanzu ta shigo gonaki ana ban ruwa da ita. Wani garin kuma da ke bakin titi kusa da babbar kasuwa irin Maigatari ko Gujungu gyaran waya zai fi karɓuwa. Malaman makarantar da 'yan kwamitin kula da makaranta, wato SBMC, da iyaye su suka san wannan, su suka san wane mai sana'a ne a gari zai yarda ya karɓi yara biyar ranar Asabar, kuma wane ne ba za a ba shi amanar yara ba.

Abin da nake roƙo ba mai tsada ba ne. A ƙara shafi ɗaya a ƙarshen dayari inda malami zai rubuta da Hausa ko Turanci wane batu ne ya ƙi shiga, wanne ya yi wa yara nauyi, wanne lokacinsa bai isa ba, kuma kada a hukunta shi don ya faɗi gaskiya. A ƙarshen zango malaman aji ɗaya na gunduma su zauna tare, na aji biyu su zauna tare, ko a ƙarƙashin bishiya ne, a tattara abin da suka faɗa a kai wa sakataren ilimi ya wuce da shi. Kano na da ƙananan hukumomi 44, Jigawa 27, in kowace ta aika da irin wannan sau ɗaya a shekara, duk wanda zai zauna gyaran manhaja a gaba yana da abin dubawa wanda ya fito daga aji na gaske. Sannan a bar wa malami ko da darasi biyu ne a mako waɗanda ba a cika masa su daga sama ba, ya sa abin garinsu ko ya koma baya ya ɗauko yaran da aka bari. Mu a makarantarmu mun yi magana da hedimasta ya yarda za mu fara namu shafin daga zango mai zuwa, kuma zai je da shi taron hedimastoci na wata ya nuna wa sauran ko za su shigo.